Turaren Goggo Falmata a Kyoto

Ba zan taɓa mantawa ba, ko da na so (kuma wallahi na gwada), da ranar da hancina ya kunyata ni a birnin Kyoto, a gaban wata tsohuwa da ta ƙarar da rayuwarta tana aiki da nata hancin.

Amma bari in fara daga unguwar Wangsa Maju, domin a can abin ya samo asali.

Lokacin ina shekarar ƙarshe ta digiri na biyu a Kuala Lumpur, muna haya a can saman wani dogon bene ni da Yaya Rifkatu, 'yar Jos, wadda ta girme ni kuma take digirin digirgir a fannin haɗa magunguna. Ita ba ta da lokacin mafarki. Ni kuwa ina iya tsayawa a taga ina kallon ruwan la'asar yana wanke rufin gidajen unguwar Setapak da ke kusa da mu har shinkafar da na ɗora ta kama. Shi ya sa ba ta kirana da sunana, sai Malama Mai Waƙe.

Ranar da saƙo ya zo cewa an karɓi takardata a wani taron ɗalibai a Osaka, ihun da na yi sai da maƙwabciyarmu ta ƙwanƙwasa ƙofa ta tambaya ko lafiya. Ba taron ne ya sa ni ihu ba, Allah ya sani. Abin da na hango shi ne daga Osaka zuwa Kyoto ɗan gajeren zama ne a jirgin ƙasa. Tun ina yarinya a Kano akwai wata kalanda a shagon kawuna mai sayar da kayan gyaran mota, da hoton wata gada ta katako da jajayen ganye suna zuba a kanta. Shekarar ta ƙare, an sauke kalandar, ni na ɗauke hoton na liƙa a bangon ɗakinmu. Tun daga nan nake ganin ni da garin nan akwai alkawari a tsakaninmu.

Wata 'yar ajinmu Bamalayiya ce ta haɗa ni da Haruka, wata matashiya 'yar Kyoto da sana'arta ke nan, ta ɗauki baƙo guda ta zaga da shi tsohon gari da ƙafa, ba mota, ba ayari, ba 'yar tutar nan da ake ɗagawa. Muka fara musayar saƙo da Turanci. Ta tambaye ni me na fi so a duniya, don ta san hanyar da za ta bi da ni. Na rubuta mata dogon bayani wanda taƙaicinsa shi ne: tsofaffin gidaje da ƙamshi.

Amsarta ta zo da zumuɗin da ya kusa kai nawa. Ta ce akwai wata tsohuwa, suna kiranta Sensei, wato malama, wadda take koyar da tsohuwar al'adarsu ta ɗumama ɗan guntun icce mai ƙamshi a zauna a shaƙa cikin natsuwa. Ba ta taɓa yarda da baƙin waje a gidanta ba. Haruka ta daɗe tana bibiyarta tana roƙo, sai kwanan nan ta ce to, a kawo mutum ɗaya ta gani.

"Ke ce ta farko," in ji Haruka. "Idan ta ji daɗin zuwanki, za ta bar ni in riƙa kai wasu, kuma aikina zai canza gaba ɗaya. Idan ba ta ji daɗi ba, ba za ta ce komai ba, amma ƙofar ta rufe ke nan."

Sharuɗɗan ba su da yawa. Farar safa sabuwa. Ba zobe, ba awarwaro, kada su kankare mata kayan tangaran. Sannan babba a cikinsu: kada in fesa turare, kada in shafa mai ko wani abu mai ƙamshi.

Na karanta na ce ai wannan mai sauƙi ne. Na ji kaina ya ƙara girma. Ni, 'yar Kano, jikar Barebari ta wajen uwa, an zaɓe ni in wakilci dukkan baƙin duniya a fagen ƙamshi! Wa ya fi ni cancanta? (Ku riƙe wannan tambayar.)

Na shiga shiri ba kama hannun yaro. Na je titin 'yan yadi, Jalan Tuanku Abdul Rahman, na yini ina ɗaga yadi ina saukewa, har na dace da wani mai launin ganyen da ya fara ja, irin na kalandar kawu. Na kai wa tela ya ɗinka mini doguwar riga mai faffaɗan hannu, irin hannun da in kin ɗaga shi sai ya zubo kamar labule, saboda a zuciyata haka matan tsohon Kyoto suke sawa. Na sayi farar safa. Na ɗauki kwalbar humrata na kalle ta, na yi mata sallama, na mayar da ita can ƙuryar durowa. An ce ba turare, ni kuma mai biyayya ce.

Daga nan sai na yi abin da kowace 'yar gidanmu take yi wa kayan da za ta fita da su. Na wanke, na goge, na turara.

Ga wanda bai sani ba, a gidanmu turara kaya ba kwalliya ba ce, ƙarashen wanki ne. Kayan da ba su sha hayaƙi ba ba su gama tsabta ba, kamar tukunyar da aka wanke ba a ɗauraye ba. Goggo Falmata, ƙanwar mahaifiyata da ke Maiduguri, ita ta gaji haɗin kakarmu marigayiya Hajja, kuma duk wanda zai taho Malesiya sai ta ɗora masa kwalba ya kawo mini. Ba ni da kabbasa a Wangsa Maju, sai na kife kwandon wanki a kan kasko a baranda (a baranda, saboda na taɓa yi a ɗaki ƙararrawar gobara ta tara mana masu gadi), na lulluɓa rigar a kai, na bi da mayafi, na rufe da zane. Da yake tafiyar ta musamman ce, na maimaita. Na sake maimaitawa washegari.

Yaya Rifkatu ta fito da kofin shayinta ta tsaya a bakin baranda tana kaɗa hayaƙi da hannu.

"Malama Mai Waƙe, ba ke kika karanta mini cewa matar nan ta ce no turare ba?"

"Ai ban sa turare ba, Yaya. Humrar ma na ɓoye ta."

"To wannan da ke tashi kamar an kunna wa daji wuta fa? Sunansa me?"

"Wannan ai kaya nake turarawa. Ba a jikina ba ne."

Ta dube ni, ta dubi kwandon, ta kurɓi shayinta.

"Boleh lah," ta ce da yaren Malesiya, wato ba laifi. "Ke kika san Japan ɗinki."

Ita ce kuma ta ara mini rigar sanyi a ranar tafiya, wata ƙatuwa mai kumburi da ta kai har ƙauri, mai zif daga ƙasa har haɓa, da hular da ke rufe kai. Ta ce in na mutu da sanyi a can ba ta san me za ta gaya wa Ummana ba.

Taron Osaka ya zo ya wuce, ban ma iya tuna tambayoyin da aka yi mini ba. Da sassafe na sa jar rigata da mayafina, na zuge rigar Yaya Rifkatu a kai har haɓa, na ja hular, na hau jirgi zuwa Kyoto zuciyata tana tsalle.

Haruka tana jirana a bakin wata gada. 'Yar siririya, da takunkumi a fuska don gudun kamuwa da mura, da takalmin tafiya da ya ga duniya. Ta sunkuya, na sunkuya, ta ƙara sunkuyawa, na rasa inda ake tsayawa, muka fashe da dariya. Nan take na ji ina sonta.

Jama'a, garin nan! Na san na yi alkawarin ba ku labarin kunya ne, amma ku ƙyale ni in ɗan yi numfashi a nan. Muka bar babban titi muka shiga lunguna masu daɓen dutse, waɗanda aka yayyafa wa ruwa da safe har suna ƙyalli. Gidajen katako baƙaƙe saboda tsufa, kafaɗa da kafaɗa, kowanne fuskarsa 'yar ƙarama, amma Haruka ta ce in kin shiga sai ki yi ta tafiya ciki kamar zaure bayan zaure. Jajayen bokitai cike da ruwa a ƙofar gidaje, ta ce don gudun gobara ne, gari na katako ba ya wasa da wuta. Wani ɗan rafi mai tsabta har kina ganin duwatsun ƙasansa, da wani farin tsuntsu mai dogon wuya tsaye a ciki da ƙafa ɗaya, ko kallonmu bai yi ba. Ga ganyen! Ja, da ruwan goro, da rawaya, suna saukowa ɗaya ɗaya kamar an ce musu kada su yi gaggawa.

Kowace kusurwa sai na tsaya na dafe ƙirji. Haruka ta nuna mini yadda ake gane shagon da ya daɗe daga labulen ƙofarsa. Ta tsayar da ni a gaban wata 'yar taga inda ake yin awara tun kafin gari ya waye, na ce mata mu ma muna da ita a Kano, har da yaji, ta zaro ido. Ta saya mini gasasshen dankali mai zafi bayan ta tambayi mai sayarwa ta tabbatar ba a shafa masa komai ba. Na riƙe shi da hannu biyu ina ci ina tafe ina jin kamar ni ce a cikin kalandar. Har waƙa na fara haɗawa a zuci, baiti biyu sun zauna, na uku yana hanya.

"Kin san mu ba ma cewa shaƙar ƙamshi a wannan al'adar," in ji Haruka. "Cewa muke sauraronsa."

Na kusa rungume ta a tsakiyar titi. Na ce mata ai mu ma jin ƙamshi muke yi, kamar yadda muke jin magana. Na ƙara tabbata cewa an halicce ni ne don wannan ranar.

Muka iso wani lungu da ko mota ba za ta shiga ba. Haruka ta tsaya a gaban wata ƙofa da ba ta da alama ko rubutu, ta gyara gashinta, ta goge tafin hannunta a jikin wandonta.

"Ba ki sa turare ba ko?" ta tambaya a hankali.

"Ko ɗigo," na ce, da zuciya ɗaya.

Sensei da kanta ta buɗe mana. 'Yar ƙaramar tsohuwa, gashinta fari tas an ɗaure shi baya, cikin tufafinsu na gargajiya mai launin toka. Fuskarta irin wadda ba ka iya karanta komai a kai. Muka gaisa, muka cire takalma, na sa farar safata. Ta juya ta yi gaba cikin dogon siririn gidan. Haruka ta nuna mini ƙugiyar rataye riga ta bi bayanta.

Na zuge zif.

Yanzu da nake tunawa, ina iya ganin abin da ya faru kamar a majigi. Rigar Yaya Rifkatu ta yini tana tsare da hayaƙin Goggo Falmata, jikina kuma ya yini yana ɗumama shi da tafiyar ƙafa. Ina buɗewa ya fito gaba ɗaya, ya riga ni shiga gidan. Amma a lokacin ni ban ji komai ba. Yaushe rabon da in ji ƙamshin kayana? Hancin da ya tashi a cikinsa tun yana jariri?

Na ga dai tsohuwar ta ɗan tsaya a tsakiyar hanya, bayanta ya miƙe, sannan ta ci gaba. Na ce a raina, ka ga natsuwa.

Ɗakin babu komai sai tabarmi masu laushi, ƙofofin takarda, da reshe guda na fure a wata kusurwa. Muka durƙusa. Haruka ta sauke takunkuminta don girmamawa, ta ja numfashi, sai na ga idanunta sun yi waje. Ta dube ni, ta buɗe baki, ta rufe. Na yi mata murmushin ƙarfafa gwiwa, don na ɗauka tsoron malamar ne ya kama ta. (Allah sarki Haruka.)

Sensei ta jawo wani ɗan kofin tangaran cike da farar toka. Ta binne garwashi guda a ciki, ta tara tokar ta yi mata tsini kamar ɗan dutse, ta bi ta da wani ɗan ƙarfe tana zana layuka, a hankali, a hankali, har na manta da ƙafafuna da suka fara mutuwa. Ta ɗora wani siririn abu mai sheƙi a kan tsinin, bai fi farcen babban yatsa ba. Sannan ta ɗaga kofin ta nuna yadda ake yi: a ɗora a tafin hagu, a rufe bakinsa da hannun dama a bar 'yar kafa tsakanin babban yatsa da manuni, a kai hanci, a shaƙa, a kau da kai gefe a fitar da numfashi. Ta ajiye shi a gabana ta yi wata gajeriyar magana.

Haruka ta fara fassarawa. Ban tsaya na ji ƙarshen maganar ba. Na riga na ɗauka.

Na rufe kofin da hannun dama. Faffaɗan hannun rigata ya zubo ya kewaye shi kamar tanti. Ɗumin garwashin ya taso. Na lumshe ido na shaƙa.

Wayyo Allah.

Ɗakin Hajja ne. Ɗakin kakata a Maiduguri, da asuba, lokacin da take zaune a kan dardumarta mu kuma muna naɗe a bayanta cikin zannuwanta. Sandal, da wani zaƙi-zaƙi kamar sukarin da ya fara ƙonewa, da wani abu mai nauyi a ƙasa wanda ban taɓa sanin sunansa ba. Shekaru da rasuwarta, ga ta nan a cikin kofin wata tsohuwa a ƙarshen duniya. Hawaye suka ɓalle mini, ban ma yi ƙoƙarin tsayar da su ba.

Da na yi shiru a nan, da da sauƙi. Amma Malama Mai Waƙe ce.

"Haruka, ki gaya mata," na ce ina shessheƙa, "ki gaya mata wannan iccen ya san ni. Ki ce mata na ƙetare teku na zo na tarar da gida yana jirana. Ki ce mata ashe duk tsofaffin duniya ƙamshinsu ɗaya ne, ashe icce ma yana da zuciya, yana tuna ruwan da ya sha da ranar da ta dake shi, kuma yau ya buɗe baki ya kira ni da muryar kakata."

Na ci gaba. Na kawo maganar hamada da teku. Ina jin har baitin nan na uku da ya ƙi zuwa a hanya na saka a ciki. Haruka tana fassarawa kanta a ƙasa, muryarta tana ƙara ƙanƙancewa, kunnuwanta sun yi jawur.

Na gama.

Sensei ta miƙa hannu gefenta ta ɗauko wata 'yar takarda a naɗe. Ta warware ta a hankali ta juyo da ita wajena. A tsakiyarta ga wani ɗan baƙin guntun icce, bai kai ƙwayar shinkafa ba. Ta yi magana, gajeriya kamar ta farko.

Haruka ta juyo gare ni ta fassara.

"Ta ce... iccen yana nan. Ba a sa ba tukuna. Kofin da ke hannunki toka ce kawai da garwashi. Ta ba ki ne ki gwada riƙewa."

Na dubi kofin. Na dubi takardar. Sannan a hankali, kamar wadda ake ja da igiya, na kai hancina kan hannun rigata.

Hajja ce. Ba ta cikin kofi. Tana jikina tun daga Wangsa Maju.

Na sha jin mutane suna cewa sun so ƙasa ta tsage su shige. Ni ban ma kai ga wannan ba, don tabarmar mutane ce, kada in ƙara musu ɓarna. Na dai zauna riƙe da kofin toka, hawaye suna bushewa a kumatuna, hawayen da na zubar saboda ƙamshin wankina.

Tsohuwar ta naɗe iccenta ta mayar. Ta tashi ta zuge ƙofofin takardar ɗaya bayan ɗaya, iskar sanyi ta shigo daga lambu. Ba ta yi fushi ba, ba ta ɗaure fuska ba, kuma wannan ya fi mari ciwo. Haruka ta kifa goshinta a tabarma tana ba da haƙuri, tana maimaita kalma ɗaya. Sai a lokacin na tuna cewa ba kunyata kaɗai ke cikin ɗakin ba. Yarinyar nan ta daɗe tana ƙwanƙwasa wannan ƙofar, ni kuma na zo da kwandon wanki na rufe mata ita.

"Haruka, don Allah ɗago," na ce. "Ki gaya mata ba laifinki ba ne. Kin gaya mini, kin sake tambayata a ƙofa. Ki ce mata a garinmu hayaƙi muke yi wa kaya bayan wanki, ni ban taɓa lissafa shi a turare ba. Wautata ce. Ta hukunta ni, kada ta hukunta ki."

Wannan karon ba hamada, ba teku. Haruka ta fassara.

Sensei ta dawo ta durƙusa kusa da ni. Ta nemi izini da ido, ta kama bakin hannun rigata da yatsa biyu, ta kai hanci. Ta daɗe. Sannan ta yi magana mai ɗan tsawo, kuma na rantse na ga gefen bakinta ya motsa.

"Ta ce wanda ya haɗa wannan ya san aikinsa. Ta ce akwai farcen teku a ciki, su ma suna sawa a nasu haɗin don ƙamshi ya zauna. Ta ce shi ya sa zai zauna a tabarminta har ɗalibanta su zo su tafi." Haruka ta ɗan tsaya. "Ta ce ba za ta ƙona iccenta yau ba, don babu wanda zai ji shi. Amma in kina nan gobe da safe, ki dawo. Ke kaɗai. Ki bar kakarki a masauki ta huta."

Muna fita lungun na kira Yaya Rifkatu, don ina bukatar wanda zai tausaya mini. Na yi kuskuren zaɓe. Dariyar da ta yi sai da na janye wayar daga kunnena, Haruka ma tana jiyo ta.

"Toka? Kika yi wa toka kuka? Wayyo cikina! Abeg, sake faɗa mini wajen da icce ya kira ki da muryar kaka."

"Yaya, don girman Allah."

"To ya isa. Saurara. Duk abin da ke cikin akwatinki ya sha hayaƙin nan, har akwatin. Kada ki sa ko ɗankwali daga ciki. Je ki sayi sabo tun daga ciki har waje, ki nemi sabulu marar ƙamshi, ki tsefe kitson nan ki wanke kai. Kuma in an ba ki kofi gobe, ki tambaya ko da abu a ciki kafin ki fara wa'azi."

Haka aka yi. Sauran yawon da Haruka ta tsara mini na yamma, haikali da lambun duwatsu, duk muka soke, muka ƙare a wani shagon tufafi mai araha kusa da tasha. Abin da ya rufe ni yadda nake so a can shi ne wani wando da riga masu launin siminti daga ɓangaren maza, da doguwar rigar ruwa, da wani ƙyallen wuya da na mayar ɗankwali. Na tsefe kitson da na biya aka yi mini musamman a unguwar Sri Petaling kafin in taho. Na wanke kai har fatar ta fara zafi. Da safe na kulle akwatina da jar rigata da komai a ma'ajiyar tashar jirgi, har da jakar hannu, domin da na shinshina fasfo ɗina ma Goggo Falmata na ji.

Na iso bakin lungun kamar wadda aka turo gyaran famfo. Haruka tana jira. Ta sauke takunkumi ta ce in gafarce ta, sannan ta zagaya ni tana shinshinawa, kafaɗa, wuya, hannu, yadda Ummana take yi wa daddawa a kasuwa. Wani dattijo mai keke ya rage gudu yana kallonmu.

"Babu komai," ta ce, fuskarta ta washe. "Ba kya ƙamshin komai."

Ban taɓa zaton wannan maganar za ta faranta mini rai ba.

Sensei ta kai mu wani ɗan ƙaramin ɗaki a baya. Mun wuce ta gaban na jiya, ƙofofinsa a buɗe har yanzu, da fanka a tsakiya tana aiki. Na kau da kai.

Ta sake haɗa tokar, ta zana layukanta. Wannan karon na zuba ido har sai da na ga ta ɗauki ɗan guntun iccen da hantsaki ta ɗora shi a kan abin nan mai sheƙi. Ta saurara da kanta, sannan ta turo mini.

Na shaƙa. Babu komai. Na kau da kai na fitar, na sake. Babu komai, sai ɗumi. Na ce shi ke nan, Goggo ta ƙone mini hanci. A na uku ne wani abu ya gifta, siriri kamar zare, ɗan ɗaci da ɗan zaƙi, da sanyi-sanyi a bayansa. Ina kai masa hankali ya ɓace. Bai yi kama da ɗakin kowa ba. Ban taɓa jin irinsa ba.

Tsohuwar ta yi tambaya. Haruka ta ce, "Tana so ta san me kika ji."

Wallahi waƙar ta taso. Na ji ta a maƙogwarona, da baitinta da amshinta. Na dubi Haruka, ta ƙura mini ido kamar mai roƙo. Na haɗiye.

"Icce," na ce. "Kaɗan. Ya zo ya tafi."

Sensei ta gyaɗa kai sau ɗaya. Ta juya ga Haruka ta yi mata magana a hankali, kamar wadda ke faɗin abin da ba shi da muhimmanci. Haruka ta sake kifa goshi a tabarma, amma da ta ɗago idanunta suna ƙyalli. Sai da muka fita ta riƙe hannuna biyu tana tsalle a lungun mutane: an ce ta kawo baƙo na gaba bayan sabuwar shekara.

Har yanzu muna gaisawa da ita. Ta ce gidan ya zama wurin da baƙinta suka fi so, kuma kowane baƙo, komai girmansa, sai ta tsayar da shi a bakin lungu ta shinshina shi kafin ya shiga. Ta ce ita da Sensei sun sa wa wannan binciken sunana.

Ni kuwa ban daina turara kayana ba, kuma ba zan daina ba. Abin da na daina shi ne saurin yarda da zuciyata. Duk sanda na je baƙon wuri na ji ya fara yi mini kama da gida, ƙwalla ta fara taruwa, waƙa ta fara motsi, sai in ce mata dakata. In fara shinshina hannun rigata tukuna.